Wa Zai Yaɓe Gidan Sarki? Waiwaye Daga Kusada

A tsakiyar tsohon garin Agadas, daura da babban masallacin nan mai doguwar hasumiyar ƙasa, akwai wani gida da aka gina wa Kawusan, jagoran Buzayen da suka yi wa Faransawa bore a zamanin yaƙin duniya na farko. A watan Disamba na 1916 ya shigo garin da mayaƙansa, Sarkin Abzin Tagama ya mara masa baya, suka yi wa barikin Faransawa ƙawanya har zuwa watan Maris na 1917, lokacin da dakaru suka taso daga Damagaram suka karya ta. Abin da ya biyo baya babu daɗin ji. An kashe mutanen gari da dama, har da malamai. Kawusan ya nausa arewa, ajali ya cim masa a ƙasar Fezzan a 1919. Gidan kuwa bai faɗi ba. Shi ne daga baya aka mayar masaukin baƙi mai suna Hôtel de l'Aïr. Babban zauren da aka yi domin karɓar manyan mutane ya koma wurin cin abinci, baƙo kuma yakan hau saman soro da yamma ya zauna yana kallon hasumiyar masallacin, mai tsawon mita 27, wadda tarihinta ya faro tun wajen 1515. A 2013 hukumar UNESCO ta sa tsohon garin cikin jerin wuraren tarihi na duniya.

A ƙasashen da ake jin Hausa, wannan shi ne misalin da ya fi kusa da mu na fadar da ta koma otal. Duk lokacin da aka kawo labarin wata tsohuwar fada a wata ƙasa da aka gyara ta zama masauki na ƙasaita, da ɗakunan nuna fasaha da wurin kiɗa, sai tunanina ya biyo ta Agadas ya dawo gida, ya tsaya a Kusada da Kankiya. Gidan Kawusan ya haura shekara ɗari yana tsaye, alhali gidaje da yawa da suka girme shi, ko suke sa'anninsa, a ƙasar Katsina sun koma tsibin ƙasa, an share wurin an kafa shaguna. Ƙasar ginin iri ɗaya ce, hikimar ginin ma 'yar uwar juna ce. Abin da ya raba su shi ne, wancan an ci gaba da shiga cikinsa, an ci gaba da samun dalilin yaɓe shi.

Mu da muka tashi a wannan yanki, tsakanin Yashe da Gidan Mutum Ɗaya da Kankiya a kan hanyar Kano zuwa Katsina, da garuruwan da ke gabas da titi har Kusada, mun riski ƙarshen zamanin da gidan sarauta na ƙasa yake tsaye da ƙarfinsa. Tun daga nesa, kafin ka ga kasuwa, zankwayen gidan mai gari kake fara hangowa. In ka matso sai ka tarar da fili a ƙofar gida, da dakali, da turken doki. Daga nan sai zauren farko mai faɗi, sai shigifa, sai soron da maigida yake ganawa da na jikinsa, sai kuma cikin gida inda baƙo namiji ba ya wucewa. Katangar tana da kauri sosai daga ƙasa, tana sirancewa yayin da take yin sama. Idan ka shigo daga ranar bazara, sanyin zauren kan sauka a jikinka tun kafin idonka ya saba da duhunsa. Da hunturu kuma ɗakin yakan riƙe ɗumin rana har cikin dare. In ka ɗaga kai, za ka ga azara a jere, an shirya ta tsaf, ko kuma ɗaurin guga ya tashi daga kusurwa huɗu ya haɗu a tsakiya, wani lokacin da farantin tangaran ko tasa a manne a mahaɗar.

Abin da ya fi ginin muhimmanci shi ne abin da ake yi a cikinsa. A wannan zaure ake sasanta rikicin iyakar gona, da na makiyayi da manomi, da na auren da ya ƙi ci ya ƙi cinyewa. Talaka ya zo ya tuɓe takalmi ya durƙusa ya ce, "Ranka ya daɗe, kuka na kawo," a saurare shi. Wanda jakinsa ya ɓata nan yake kawo cigiya. Falke ko almajiri ko matafiyin da dare ya yi masa, ba ya tambayar inda masauki yake, gidan mai gari ake nuna masa, a shimfiɗa masa tabarma a zaure, a fito masa da tuwo daga cikin gida. A ƙofar gidan nan kuma makaɗa da maroƙa suke baje kolinsu ranar Juma'a da ranar Sallah. Saboda bukatun gidan ne badukun gari yake ƙware wa ɗinkin kayan doki, maƙeri yake ƙera linzami da likkafa, mai ɗinki yake kashe watanni a kan aska takwas. Wato gidan sarauta a ƙasar Hausa, tun asalinsa, masaukin baƙi ne kuma mahaɗar masu sana'a da fasaha. Abin da ake yayatawa yanzu a duniya a matsayin sabuwar dabara, kakanninmu sun rayu a cikinsa, sai dai su ba su sa masa farashi ba, kuma ba su tare kowa a ƙofa ba.

Irin wannan gini yana da nasa ilimi, kuma ilimin a hannun magina yake, ƙarƙashin Sarkin Magina, ɗa ya gada daga uba. Sun san ramin da ake samun ƙasa mai danƙo da wanda ake samun birji. Sun san yawan ciyawar da ake cuɗawa da ita, da kwanakin da za a bar kwaɓin ya jiƙu kafin a taɓa shi. Tubali da hannu ake mulmula shi, mai faɗin gindi da tsinin kai, a shanya shi a rana. Azara daga giginya ake tsaga ta, saboda gara ba ta cin ta da sauƙi. Makuba daga ɓawon ɗorawa ake samun ta, a jiƙa a haɗa da ƙasa a shafe bango, ya yi duhu ya yi ƙarfi ya riƙa tunkuɗe ruwa. Katsi kuma daga marina yake fitowa, a haɗa laso da shi a shafe rufi. Indararo yana fitar da ruwa nesa da gindin bango. Kowace sana'a a gari tana da hannu a jikin gidan: mai rini, mai saran giginya, mace mai dakan kalwa da take tara ɓawon ɗorawa.

Gini aikin rani ne, bayan an kai amfanin gona gida. Kafin ruwan farko kuma dole a hau rufi a duba tsaga, a toshe, a sake yaɓe inda daminar bara ta zaizaye. Gidan ƙasa kamar gona yake, shekara ɗaya aka ɗauke masa hannu sai ya nuna. Wannan ita ce gaskiyar da duk wata magana a kan adana tsofaffin gine-ginenmu take tsaye a kanta. Gidan dutse yana iya jira shekara hamsin kafin a waiwaye shi. Namu ba ya jira.

To su wa suke wannan yaɓe a da? Nan ne ya kamata mai waiwaye ya riƙe gaskiya, kada ƙaunar jiya ta rufe masa ido. Wani ɓangaren aikin gayya ne na son rai, samari su fito da kiɗa, a dama fura, a gama kafin azahar. Magina kuma ana sallamar su da hatsi da riga da kuɗi. Amma wani ɓangaren umarni ne. An sha tashin talaka daga aikin gabansa ya je ya ɗebo ƙasa da ruwa domin gidan hakimi, ba tare da an tambaye shi ko yana so ba. Aikin tilas da nauyin haraji suna cikin abubuwan da jam'iyyar NEPU ta yi ta yaƙa tun kafuwarta a 1950, kuma dattawanmu da suka ɗauki kwandon ƙasar nan a kansu ba su manta ba.

Daga nan sauyi ya zo a jere. A ƙarshen shekarun 1960 aka karɓe kotuna da gidajen yari da 'yan doka daga hannun En'e. A 1976 aka yi wa tsarin ƙananan hukumomi garambawul, mulkin yau da kullum ya bar zaure ya koma sakatariya. A 1979 Gwamna Balarabe Musa ya soke haraji da jangali a Jihar Kaduna, wadda ƙasar Katsina take cikinta har zuwa 1987. Talaka ya sami sauƙi, kuma sauƙi ne da ya daɗe da cancanta. Sai dai gidan sarauta ya wayi gari babu kuɗin shiga irin na da, babu kuma hannayen da ake tarawa da umarni, ga katangu masu faɗi suna neman yaɓe duk shekara. An cire tsohuwar hanyar riƙe gidan, ba a sa wata a madadinta ba.

A daidai wannan lokaci kuɗin man fetur suka shigo. Bayan ƙarin albashin Udoji na 1974, siminti da kwano suka bazu har ƙauyuka. Bai kamata a zargi wanda ya rungume su ba. Duk matar da ta taɓa kwana a zaune tana tara ƙwarya a ƙarƙashin ɗigo, duk magidancin da ya taɓa jin ƙarar azara cikin dare ana ruwa ya kwashe 'ya'yansa ya yi waje, ya san abin da kwano ya raba shi da shi. Kwano ba ya neman yaɓe, bulo ba ya neman gayya. Kuma a idon jama'a gidan siminti ya zama shaidar cewa mutum ya samu. Haka aka yi ta tafiya. Giginya ta yi ƙaranci, marina suka mutu ɗaya bayan ɗaya, katsi ya bi su. Ɗan magini ya ga inda kasuwa ta karkata, ya koyi jera bulo. Wasu masu gida, da kyakkyawar niyya, suka shafe bangon ƙasa da siminti domin su huta, ba su san cewa siminti yana kulle danshi a ciki ba, bango ya riƙa ruɓewa a ɓoye har ranar da zai zube gaba ɗaya. Inda maigida ya rasu kuma, sai rabon gado ya zo, magada da yawa, gida ɗaya, babu wanda zai ɗauki nauyin gyara abin da ba nasa shi kaɗai ba. Mafita mafi sauƙi ita ce a sayar a raba kuɗi.

Abin bai tsaya a ƙananan garuruwa ba. Masallacin Juma'a na Zariya, wanda Babban Gwani Muhammadu Durugu ya gina a shekarun 1830, shi ne ginin da masana suke nunawa idan ana maganar ƙololuwar gwanintar maginan Hausa. A watan Agusta na 2023 wani sashensa ya rufta kan masallata ana sallar la'asar, aka rasa rayuka. A watan Satumba na 2024 ruwan sama mai ƙarfi ya rushe tsohon masallacin Damagaram da ya tsaya tun ƙarni na 19. Idan irin waɗannan, da idon duniya yake kansu, suka kai ga haka, ina ga soron wani dagaci a ƙasar Kusada ko Ingawa da ba a taɓa ɗaukar hotonsa ba?

Akwai waɗanda suka tsira, kuma hanyar tsirarsu abin dubawa ce. Ginin tsohuwar Kwalejin Katsina, da aka buɗe a 1922 a zamanin Sarki Muhammadu Dikko, inda Abubakar Tafawa Ɓalewa da Ahmadu Bello suka yi karatu, yau gidan tarihi ne na ƙasa. A Kano, Gidan Makama, wanda tarihinsa yake haɗe da Sarki Muhammadu Rumfa, shi ma gidan tarihi ne. Gidan Ɗan Hausa, inda Hanns Vischer ya zauna lokacin da ya kafa makarantarsa a 1909, yana hannun hukumar tarihi da al'adu ta jihar. A Jos ma an gina kwatankwacin masallacin Zariya da ganuwar Kano da fadar Katsina, a wurin adana fasahar ginin gargajiya, domin kada siffarsu ta ɓace. Duk waɗannan ayyuka ne na alheri. Amma gidan tarihi da kasafin gwamnati yake rayuwa, kuma babu gwamnatin da za ta iya mayar da tsohon gidan kowane hakimi gidan tarihi. Su kuwa Gidan Korau a Katsina da Gidan Rumfa a Kano, sun tsira ne saboda har yau sarki yana ciki, ana fadanci, ana hawa ana sauka. Waɗannan ba su cikin maganar da nake yi. Maganata a kan gidajen da aka ƙaura daga cikinsu ce: tsohon gidan hakimin da ya gina sabo a bakin titi, gidan attajirin da jikokinsa suka watsu a birane, tsohon barikin da Turawan rangadi suke sauka.

Mutanen Indiya sun shiga irin wannan hali kafin mu. Da ƙasar ta sami 'yanci, sarakunanta suka rasa mulki, a 1971 kuma gwamnati ta soke kuɗin da take ba su. Wasu tun kafin nan sun ga inda aka dosa. Fadar Rambagh a Jaipur ta zama otal a 1957, fadar tsakiyar tafki ta Udaipur ta biyo baya a 1963. Gine-ginen sun tsira, masassaƙa da masu zane sun sami aiki, kuma mai kallon finafinan Indiya a ƙasar Hausa ya sha ganin irin waɗannan fadoji suna ƙyalli. Amma kwana ɗaya a ciki ya fi ƙarfin yawancin mutanen garin. A Maroko, tun daga shekarun 1990, baƙi masu kuɗi suka yi ta sayen tsofaffin gidajen cikin birnin Marrakesh suna mayar da su ƙananan otal-otal masu tsada. Gidajen sun yi kyau, farashi ya tashi, iyalai da yawa da suka gaji unguwannin suka sayar suka koma bayan gari. An ceci bango, an rasa maƙwabta. Shi ya sa ba na ɗokin kwafo abin yadda yake. Fadar da aka gyara ta yi kyau, amma jikan wanda ya ɗebo ƙasar gina ta ba ya iya wuce ƙofarta sai in shara ya zo yi, ta daina zama fada a ma'anar da muka sani.

Agadas ma tana da darasi na biyu. A shekarun da masu yawon buɗe ido daga Turai suke tururuwa zuwa Abzin, har tseren motoci na Paris zuwa Dakar yana ratsawa ta garin, masaukai sun cika, maƙeran azurfa da dukawa sun yi ciniki. Da tawaye ya sake ɓarkewa a 2007, aka kuma sace ma'aikata 'yan ƙasashen waje a Arlit a 2010, sai baƙin suka ɗauke ƙafa. Duk gidan da ya jingina cinsa da shansa ga baƙon nesa, ranar da hanya ta lalace sai ya zauna da yunwa. Mu a Jihar Katsina, da muke fama da matsalar 'yan bindiga shekara da shekaru, ba ma bukatar a yi mana dogon bayani a kan wannan.

Misalin da ya fi kwanta mini a rai yana wani ƙauyen Hausawa ne mai suna Dandaji, a jihar Tawa ta Nijar. Akwai tsohon masallacin ƙasa a garin, aikin Alhaji Falke Barmu, maginin da masallacinsa na Yama ya ci lambar yabo ta Aga Khan a 1986. Masallacin ya tsufa, ya kuma yi wa jama'a kaɗan. Da an bi abin da aka saba, da an rushe shi an kafa na siminti. Sai masu zanen gini biyu, Mariam Kamara 'yar Nijar da Yasaman Esmaili 'yar Iran, suka zauna da mutanen gari, aka gina sabon masallaci babba a gefe da tubalin ƙasa da aka matse da inji, tsohon kuma aka gyara shi ya zama ɗakin karatu. An gama a 2018. Maginan gargajiya na yankin aka kira suka yi gyaran, suka koyi sababbin dabaru, suka kuma koyar da nasu. Yau yara da mata suna shiga ginin da da an bari da tuni babu shi. An ba shi sabon aiki, kuma aikin na mutanen garin ne.

Idan aka haɗa waɗannan darussa, ana iya ganin abin da zai dace da gari irin Kusada ko Kankiya. Masauki a tsohon gidan sarauta abu ne mai yiwuwa, matuƙar an gane su wane ne baƙinsa. Baƙinmu 'yan gida ne. Duk ƙarshen mako ana ɗaurin aure, ana naɗin sarauta, ana zuwa ta'aziyya, 'yan asalin gari suna dawowa daga Abuja da Legas da Kaduna da abokansu, kuma da yawa sai sun koma Katsina ko Kano su kwana. Akwai ɗaliban zanen gini da na tarihi daga Zariya da Kano da Katsina da Dutsin-Ma da suke bukatar su ga ɗaurin guga da idonsu, su taɓa makuba da hannunsu. Akwai masu shirya finafinan Hausa da suke neman gidan sarauta na ainihi idan za su yi fim na zamanin da. Ɗakuna kaɗan masu tsabta, da ruwa, da banɗaki na zamani da aka gina ta yadda danshi ba zai taɓa bangon ƙasa ba, da wutar sola, sun isa. Sanyin ɗakin ƙasa a watan Afrilu, a garin da wutar lantarki ba ta da tabbas, shi kansa jin daɗi ne da mai kuɗi zai biya.

Amma da sharuɗɗa, kuma a kansu ne amfanin abin ko ɓarnarsa ya rataya. Na farko, zaure ya zauna a buɗe. Ɗakunan ciki na mai biya ne, zauren farko da filin ƙofar gida na gari ne, a ci gaba da zama a dakali, a yi sulhu, a yi karatu. Na biyu, a kiyaye mutuncin gidan. Da yawa daga cikin waɗannan gidaje akwai kaburburan kakanni a ciki, a killace su, kuma kada a shigo da abin da addini da al'adar gari suka ƙi. Na uku, a cire gidan daga cikin abin da ake rabawa. Magada su amince a mayar da shi waƙafi, ko a rubuta yarjejeniyar da za ta hana sayarwa, a riƙa raba riba, a bar gini. Na huɗu, wanda ya fi duka, kafin kowa ya taɓa ribar shekara a ware kuɗin yaɓe, a biya magini haƙƙinsa cikakke, a kuma ɗora masa yara su koya. Abin da a da ake samu da umarni, yanzu a same shi da lada. Wannan ne kaɗai amfanin da otal yake da shi ga tsohon gini: yana samar da dalili da kuɗin da za a hau rufi duk shekara kafin ruwa ya sauka.

Ɓangaren fasaha kuwa bai kamata ya zama ado na jawo baƙi kawai ba. Shigifa ɗaya ta isa masaƙi ya kafa masaƙarsa, wata ta baduku, wata ta mata masu ɗinkin hula da saƙar faifai, su yi aiki su sayar, yaran makarantun gari su zo su gani. A tara takardun ajami da wasiƙun sarauta da tsofaffin hotuna da suke lalacewa a cikin adakoki, a ɗauke su a kwamfuta, a ajiye na asali inda gara ba za ta kai ba. A ɗauki muryar dattawa suna ba da tarihin kafuwar unguwanni da jerin masu sarauta. Musawa, mahaifar Alhaji Mamman Shata, maƙwabciyarmu ce, kuma wannan yanki bai taɓa rasa makaɗa da mawaƙa ba. Matasan da suke rera waƙa a waya yau suna bukatar filin da za su haɗu da masu kalangu da kotso da suka rage, kowa ya ji na kowa.

Duk wannan ba zai yiwu ba idan babu magini. Gini in ya faɗi, muddin akwai wanda ya san yadda ake ɗaura guga, ana iya tayar da shi. In wanda ya sani ya rasu bai koyar ba, ko kuɗi nawa aka zuba sai dai a yi kwaikwayo da siminti a shafa masa jar ƙasa. Maginan da suka yi aiki da azara da makuba a ƙuruciyarsu yanzu tsofaffi ne, kuma ba su da yawa. Saboda haka aikin farko bai kai girman otal ba, bai kuma jira gwamnatin tarayya ba. Hakimai da dagatai, da ƙungiyoyin ci gaban gari, da shugabannin ƙananan hukumomin Kusada da Kankiya, suna iya zagayawa a ranin nan su rubuta duk wani soro da zaure na tarihi da ya rage a ƙasarsu, da sunan duk wani magini da yake raye. Daga cikin jerin a zaɓi gida ɗaya, a zauna da magadansa, a biya tsoho ɗaya da samari biyar su yaɓe shi kafin damina. In an yi haka bana aka maimaita baɗi, maganar masauki da ɗakin fasaha za ta sami bangon da za ta jingina da shi, samarin nan kuma sun fita da sana'ar da za su ci abinci da ita.